AN BAR JAKI ANA DUKAN TAIKI

Tun kafin a kira assalatu tifofi sun riga sun yi jerin gwano a bakin ruwa a Majidun da Ibeshe ta wajen Ikorodu, da Badore ta wajen Aja, da Epe, da Badagiri. Haka abin ya ke a gaɓar Kogin Kwara a Anacha da Asaba, haka kuma a bakin Otamiri a Owerri. Kowace mota jira ta ke a cika ta da yashi ta kama hanya, ta sauke ta komo tun titi bai cushe ba. A cikin direbobin nan da yaran motarsu, da leburorin da ke riƙe da shebur, akwai 'yan Arewa ba kaɗan ba, waɗanda suka baro Kano da Katsina da Sakkwato da Barno don neman halaliyarsu.

Abin da kan biyo baya kuwa sananne ne ga duk wanda ya zauna a Kurmi. Mota ta bar bakin ruwa, ba ta yi nisa ba sai ga shinge. A tambayi direba takardar yashi, ya miƙa 'yar guntuwar takardar da yaron mai fili ya ba shi. A dube ta a ce ba ta hukuma ba ce. A zare makulli, a ja mota, a wuce da direba da yaronsa. Mai injin da ya zuƙo yashin yana gidansa. Ɗan kwangilar da ya sayi yashin yana wurin gininsa, ya riga ya buga waya an aiko masa da wata mota. Mai motar ma sau da yawa ya kan kashe wayarsa sai ƙura ta lafa. Direba shi kaɗai ke kwana bayan kanta, iyalinsa na ɗakin haya a Agege ko Mile 12 suna jiran kuɗin cefane.

Hana satar yashin kogi daidai ne, hukunta mai yinta kuma wajibi ne. Amma hukuncin da ya tsaya a kan titi, ya kama wanda ke tuƙi ya ƙyale wanda ya haƙa da wanda ya saya, ba zai ceci kogi ko ɗaya ba. Irin wannan ne Bahaushe ke cewa an bar jaki ana dukan taiki.

ME YA SA A KE TSARON YASHI?

Wanda ya tashi a ƙauyen Arewa ya kan yi mamaki in ya ji an tsare mutum saboda yashi. A garinsu in za a yi ɗan gini sai a kora jaki rafi a ɗebo mangala biyu, ba mai tambaya. To, amma mangalar jaki daban, injin da ke zuƙar cikin kogi dare da rana daban. Hukumar Kula da Muhalli ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta ce a rahotonta na 2022 duniya tana cin yashi da tsakuwa kimanin tan miliyan dubu 50 kowace shekara. In aka ɗebe ruwa, babu abin da ɗan Adam ke amfani da shi da yawa kamar su.

Wani zai ce ai ga Sahara nan cike da rairayi. Rairayin hamada ba ya gini, domin iska ta goge ƙwayoyinsa sun yi sumul, ba sa kama siminti. Na teku kuwa da gishiri, in ba a wanke shi ba ya kan ci rodin da ke cikin kankare. Yashin kogi shi ne mai kaifi, shi magina da masu buga bulo ke nema, shi ya sa kowa ya ɗora masa ido.

Kogi kuwa ba ya haifar yashi a wurin da a ke ɗibarsa. Ruwa ne ke tsinko shi daga duwatsu da tuddai na can sama, yana gangarowa da shi sannu a hankali, damina bayan damina. Tun da aka gama madatsar Kainji a 1968, daga baya kuma aka yi ta Jebba da ta Shiroro, wani kashi na yashin da ke gangarowa Kudu ya kan maƙale a bayan madatsun. Shigowa ta ragu, ɗiba ta ƙaru. Idan ɗiba ta fi shigowa sai cikin kogi ya zurfafa. In ya zurfafa sai gaɓa ta rasa madogara ta zabtare, ta tafi da gonar rogo da ɗakin talaka. Rijiyoyin da ke kusa su ja baya. Wuraren da kifi ke nasa ƙwai su lalace, masunci ya jefa koma ya jawo laka. Ramukan da inji ya bari a ƙarƙashin ruwa kuma ba a ganinsu daga sama: inda jiya ruwa ke iya gwiwa, yau ya shanye mutum tsaye.

Babban abin tsoro shi ne gada, domin ƙasar da ke rungume da ginshiƙanta ita ke riƙe da su. A daren 4 ga Maris 2001 wata tsohuwar gada a kan Kogin Douro a ƙasar Fotugal ta rufta, motar safa da ƙananan motoci uku suka faɗa ruwa, mutum 59 suka halaka. Ɗibar yashin da aka shekara da shekaru ana yi kusa da ita tana cikin abubuwan da aka ɗora wa laifi. A nan gida ma, a 2025 Ministan Ayyuka, David Umahi, ya bayyana cewa haƙar yashi ba bisa ƙa'ida ba tana cikin abubuwan da suka raunana ginshiƙan gadar Third Mainland da gadar Carter a ƙarƙashin ruwa. Gadar Third Mainland, mai tsawon kilomita 11.8, ba attajirai kaɗai ke hawanta ba. Ɗan kasuwar Mile 12 yana hawa, mai canji yana hawa, shi kansa direban tifa yana hawa. Saboda haka babu mai hankalin da zai ce a bar kowa ya ɗebi yashi yadda ya ga dama.

ABIN DA DOKA TA CE

Ga wanda bai sani ba, a idon doka yashi ma'adini ne. Sashe na 44 na Tsarin Mulkin 1999 ya damƙa dukan ma'adinan ƙasar nan, na tudu da na ruwa, a hannun Gwamnatin Tarayya. Dokar Ma'adinai ta 2007 ta sa yashi cikin jerin abubuwan da ba a haƙa don ciniki sai da izni, tare da tsakuwa da dutse da jar ƙasa. Ofishin rajistar ma'adinai na Tarayya shi ke ba da wannan izni. Watau ko Baale ya yarda, ko masu fili sun karɓi kuɗi sun ba da takarda, wannan bai zama lasin ba.

Sashe na 131 na dokar ya lissafta laifuffuka, ciki har da haƙa ba da izni ba, da kwashe ma'adini ko riƙe shi ko rabuwa da shi ta hanyar da ta saɓa wa doka. A nan ne direba ke shigowa, domin kayan a motarsa a ke samunsu. Sashe na 133 kuwa ya yanke tarar da ba ta gaza Naira miliyan 20 ba da ɗaurin da bai gaza shekara 5 ba. A auna wannan da mafi ƙanƙantar albashi na Naira 70,000 da aka zartar a 2024. Mai wannan albashi, ko bai ci ba bai sha ba, sai ya yi kusan shekara 24 yana tarawa kafin ya haɗa tarar. A bayyane ya ke wannan riga ba don direba aka ɗinka ta ba. Sashen ma mai riƙe da lasin ya ambata, har ya ce a soke masa lasin. Masu tsara dokar manyan masu haƙa suka nufa.

Akwai kuma wata tsohuwar doka tun ta zamanin soja, Doka ta 20 ta 1984 a kan laifuffuka daban daban, wadda ta hana mallakar ma'adini ba da izni ba, hukuncinta kuwa yana iya kaiwa ɗaurin rai da rai. Kada wani ya zaci ta mutu. Da ita Hukumar EFCC ta gurfanar da direbobin manyan motoci a Ilori saboda an same su da lodin ma'adinai babu takarda. Ba yashin kogi suka ɗauko ba, amma darasin ɗaya ne: wanda aka samu da kaya a hannu shi a ke fara tambaya. A watan Maris 2024 kuma Ministan Ma'adinai, Dele Alake, ya ƙaddamar da runduna ta musamman daga cikin jami'an Sibil Difens, mutum 2,220, don farautar masu haƙa ba da izni ba.

Bayan waɗannan, jihohi suna da nasu ka'idoji a kan zuba yashi a bakin ruwa, da rufe lodi da tamfol, da wuce kima wajen lodi. Hukuncin da direba ya fi gamuwa da shi ke nan: a tsare mota, a kai shi kotun tafi-da-gidanka, a ci tara. Direban da a ke biya bisa yawan sawu, duk ranar da mota ta kwana a tsare, tukunyar gidansa ce ta kwana a kife. In an sako motar kuma, wani maigidan ya kan zare tarar daga kuɗin direba kaɗan kaɗan har ta ƙare.

TAKARDAR WA ZA A BI?

Wani abin da ya ƙara dagula al'amarin shi ne masu ba da takarda sun yi yawa. Ma'aikatar Ma'adinai ta Tarayya tana da iko a kan yashin. Hukumar Hanyoyin Ruwa ta Ƙasa, watau NIWA, wadda aka kafa da dokar 1997 mai hedkwata a Lakwaja, tana da iko a kan ruwan da a ke zuƙo shi. Dokar Filaye ta 1978 ta sa ƙasar kowace jiha a hannun gwamnanta. Ƙaramar hukuma tana yankan nata tikiti, ƙungiyar direbobi tana yankan nata, 'yan gari masu fili suna karɓar nasu.

Su kansu gwamnatocin sun daɗe ba su daidaita ba. Jihar Legas ta kafa tata hukumar ruwa, LASWA, a 2008. Masu jiragen ruwa da masu injin yashi suka gaji da biyan haraji biyu, suka kai ƙara a 2012 don a faɗa musu wanda za su biya. Babbar Kotun Tarayya ta ba Tarayya gaskiya a 2014. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta juya hukuncin ta ba Legas a 2017. Sai a watan Janairu 2024 Kotun Ƙoli ta yanke cewa ikon hanyoyin ruwan na Tarayya ne. Shekara 12 ke nan manyan lauyoyi da alƙalai suna kai da kawowa a kan tambaya ɗaya. To, abin da ya ɗauki kotuna uku shekara 12, yaya za a ce direban da ke tsaye a bakin ruwa da asuba, wanda watakila bai iya karanta Turanci ba, shi zai warware shi cikin minti biyar kafin a cika masa mota?

KURA DA SHAN BUGU

A bi kuɗin yashi a ga inda su ke shiga. Mai inji ya sa jarin miliyoyi, shi ke da kaso mafi tsoka. Masu fili suna karɓar nasu a kan kowace mota. Dillali yana cin kamasho. Mai tifa yana karɓar kuɗin sawu. Ɗan kwangila ya sami yashi da araha, ya ƙara ribar gininsa. Direba da yaron mota da lebura su ne a ƙarshen layi, abin da ke shiga aljihunsu bai wuce na tuwon yau ba. Amma ranar kamu su ne a sahun gaba. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Injin zuƙo yashi ba allura ba ne da zai ɓace. Yana zaune a kan ruwa wata da watanni, ƙararsa tana hana 'yan unguwa barci, bututunsa ya miƙe har tudu, tarin yashin da ya ke tofarwa ya yi tsauni, ana hango shi daga kan titi. Abin mamaki ne a ce idon da ke gane tifa cikin duhun dare ya kasa ganin wannan tsauni da rana tsaka. Ruwa ba ya tsami banza. Kama tifa ya fi sauƙi, ya kuma fi kawo na goro nan take. Mai inji yana da lauya, yana da wanda zai buga wa waya. Direba baƙo ne, ba shi da kowa.

Kama direba kuwa ba ya rage ko shebur ɗaya na yashin da a ke sata. A tsare mota goma yau, gobe wasu goma su maye gurbinsu, domin masu neman aiki sun fi aikin yawa. A rufe inji ɗaya, duk motocin da ke ɗiba a wurin sun tsaya.

Gaskiya dai ba za a ɓoye ta ba: ba kowane direba ne bai san abin da ya ke yi ba. Wanda aka ce ya zo lodi ƙarfe biyun dare, ya kashe fitila, ya bi ta bayan gari, aka kuma ninka masa kuɗin sawu, ya san akwai lauje cikin naɗi. Kowa ya sayi rariya ya san za ta zub da ruwa. Irin wannan in an kama shi ba shi da bakin kuka. Abin da a ke cewa shi ne hukunci ya zo daidai da laifi, ya kuma kai ga kowa, ba a tsaya a kan mai ƙaramin ƙarfi ba.

DARASI DAGA INDIYA DA KENYA

Ƙasar Indiya ta riga kowa shan wannan wahala. A 2015 ta tsananta dokarta ta ma'adinai, aka kai ɗaurin haƙa ko jigila ba da izni ba har shekara 5, ana kuma ƙwace motoci. Duk da haka satar yashi ba ta tsaya ba, har masu yinta suka zama gungun 'yan ta'adda da a ke tsoro. A watan Maris 2018 a garin Bhind na Jihar Madhya Pradesh, babbar mota ta take wani ɗan jarida, Sandeep Sharma, wanda ya yi bincike a kan haɗin bakin masu satar yashi da wani jami'in 'yan sanda. Direban motar aka kama. Tsananin doka a takarda bai isa ba muddin manyan da ke bayan cinikin suna da inuwar fakewa.

A Kenya kuwa, yankin Makueni ya bi wata hanya. Motoci sun daɗe suna kwashe yashin rafukansa suna kai wa birnin Nairobi, har rafukan suka bushe, rigima ta yi yawa. A 2015, zamanin Gwamna Kivutha Kibwana, aka yi doka aka kafa hukuma guda ɗaya mai kula da yashi. Aka hana fitar da shi waje barkatai, aka bar 'yan gari su ɗiba don gininsu da izni, aka kuma riƙa mayar da wani kashi na kuɗin wajen gyaran rafukan. Da mutanen bakin rafi suka ga suna da rabo, su da kansu suka zama masu gadi. Tsaron a bakin rafi aka yi shi, ba a kan titi ba.

ABIN DA YA KAMATA HUKUMA TA YI

Na farko, a fara daga tushe. Duk wurin ɗibar yashin da ba shi da lasin a rufe shi, a kama injin, a gurfanar da mai shi. Tarar miliyan 20 ta faɗa kan wanda aka yanka ta dominsa.

Na biyu, Tarayya da jihohi su daidaita a kan webil guda ɗaya, wanda za a ba direba a wurin lodi, ɗauke da lambar lasin na wurin, da lambar mota, da kwanan wata, da inda za a sauke. Direban da ya nuna shi a sake shi ya wuce. In takardar ta jabu ce, a nemi wanda ya buga ta. A kuma buga sunayen wuraren da ke da lasin, a karanta a rediyo da Hausa da Yarabanci da Ibo da Buroka, domin kowa ya san inda ya halatta.

Na uku, a bi yashi har inda aka sauke shi. Jami'an da ke zagaya wuraren gini suna tambayar takardar iznin gini, su riƙa tambayar rasit na yashi. Mai sayen kayan sata abokin ɓarawo ne. A fara kuwa da 'yan kwangilar gwamnati, domin hanyoyi da gadoji da cike fadama suna cikin ayyukan da suka fi cin yashi.

Na huɗu, a bambanta hukunci. Tarar mota ta hau kan mai mota, a kuma hana shi zare ta daga haƙƙin direba. Kowace tara a biya ta a banki a karɓi rasit. Jami'in da aka kama ya karɓi kuɗi a shinge ya saki mota, a hukunta shi a bainar jama'a, domin sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Na biyar, a tuna da masu kwale-kwale da bokiti, waɗanda ke nutso suna ɗebo yashi da ƙarfin ƙirjinsu tun kafin zuwan inji. Dokar 2007 ta tanadi lasin na ƙananan masu haƙa. A taimake su su haɗa ƙungiyoyin gama kai, a ware musu wuraren da ba su kusa da gada, maimakon a mai da su ɓarayi a ruwan da suka gada.

GYARA KAYANKA

Kafin hukuma ta gyara nata, tilas ne ɗan Arewa mai wannan sana'a ya gyara nasa, domin rashin sanin doka ba ya ceton kowa a gaban alƙali. Direba ya tambayi maigidansa tun kafin ya karɓi makulli: a ina za a yi lodi, wurin yana da lasin, wa zai biya in an kama mota? A yi wannan magana gaban shaidu, in da hali a rubuta. Kada ya bar bakin ruwa ba tare da takarda mai sunan wurin da lambar motarsa ba, ya kuma ɗauki hotonta da wayarsa. Ya guji lodin dare, ya guji ɗiba kusa da gindin gada ko an ninka masa kuɗi. Ya rufe lodinsa da tamfol, kada ya yi toliya.

In ƙaddara ta sa an kama shi, kada ya gudu da mota, kada ya yi faɗa da jami'i. Tifa cike da yashi ba ta jin birki da wuri, gudun tara ya kan kai mutum ga shari'ar kisa. Ya san kuma yana da haƙƙi. Tsarin Mulki ya ba shi ikon yin shiru har ya ga lauya, ya ce a kai shi kotu cikin kwana ɗaya in kotun tana kusa, ko kwana biyu in tana nesa, ya kuma ce a ba shi tafinta kyauta in bai ji harshen da a ke shari'a da shi ba. Kada ya dangwala yatsa a kan takardar da ba a fassara masa ba. Akwai Hukumar Ba da Taimakon Lauya, wadda aka kafa tun 1976 domin marasa hali. Dokar shari'ar laifuffuka ta Tarayya ta 2015 kuma ta hana kama wani a madadin wani, saboda haka ba daidai ba ne a tsare yaron mota don maigida ya ɓuya.

Sarakunan Hausawa na Agege da Idi-Araba da Sabon Badun da Shagamu da Ama Hausa ta Owerri, da shugabannin tashoshi, suna da aiki a nan. Su tara sunayen 'yan'uwa masu aikin tifa, su nemi lauyan da za a riƙa kira, su je ma'aikatun da abin ya shafa su karɓo jerin wuraren da ke da lasin, su sanar da jama'a. Mai motar da ya saba jefa direbobi cikin wuta ya gudu, a san shi, a gargaɗi sababbin zuwa.

Akwai dalilin da ya fi tara girma. Ranar da gaɓa ta zabtare ta cinye gonar wani, ko tifa ta kuɓuce ta take ɗan wani, 'yan gari ba za su ga mai inji ba, ba za su ga ɗan kwangila ba. Fuskar da za su gani ita ce ta baƙon da ke riƙe da sitiyari, fushin kuwa ba lalle ya tsaya a kansa shi kaɗai ba. Rikicin kasuwar Shasha ta Badun a watan Fabrairu 2021 daga 'yar hatsaniya ya faro, ya ƙare da asarar rayuka da ƙone shaguna da gidaje. Direban da ya ƙi ɗaukar yashin sata kansa ya tsare, ya kuma tsare mai shayi da mai nama da mai facin takalmi da ke zaune a unguwa ɗaya da shi.

Yashi dai ba za a daina ɗibarsa ba muddin ana gini, ba kuwa wanda ya ce a daina. Abin nema shi ne a ɗiba inda aka yarda, gwargwadon da kogi zai iya mayarwa, wanda ya ƙetare iyaka kuma ya ɗanɗana kuɗarsa ko wane ne shi. Ranar da aka ga mai inji da ɗan kwangila tsaye gaban alƙali, ranar za a san da gaske a ke. Kafin nan, mai tuƙi ya buɗe ido, ya tambayi takarda kafin ya tambayi kuɗin sawu. Allah Ya kiyaye hanya.